Ide Umaru da Kujerar Babban Sakataren Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka, 1985–1989: Nazari Daga Gabashin Sakkwato

Ide Umaru, wanda takardun Faransanci suke rubuta sunansa Idé Oumarou, shi ne ɗan Jamhuriyar Nijar ɗaya tilo da ya riƙe muƙamin Babban Sakataren Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka, wato OAU. An zaɓe shi a taron ƙoli na 21 da aka yi a Addis Ababa cikin watan Yulin 1985, ya sauka a 1989 bayan ya nemi wa'adi na biyu bai samu ba. Shekarun nan huɗu sun faɗo daidai lokacin da fari da yunwa da bashi suka taru suka danne ƙasashen Sahel, kuma ranar da aka zaɓe shi domin ya haɗa kan nahiya, iyakar ƙasarsa da Nijeriya a rufe take. Wannan maƙala tana bin rayuwar aikinsa bi da bi, tana auna ta da abin da dokar ƙungiyar ta ba shi ikon yi, da kuma abin da mutanen bakin iyaka suke bukata a wancan lokaci, musamman na gabashin Sakkwato, daga Goronyo da Wurno a kan gulbin Rima zuwa Raba a kan gulbin Sakkwato.

Daga aikin jarida zuwa fadar Kunce

An haifi Ide Umaru a 1937, Nijar tana ƙarƙashin mulkin mallakar Faransa. Ya yi karatu a makarantar William Ponty da ke Senegal, wadda ta yaye da yawa daga cikin malaman makaranta da akawuna da suka karɓi ragamar ƙasashen renon Faransa bayan samun 'yancin kai. Diori Hamani, shugaban Nijar na farko, a can ya yi karatu, haka ma Diallo Telli na Gini wanda aka fara zaɓa a kujerar Babban Sakataren OAU. Daga nan Ide ya ƙaro ilimi a Paris. Bai soma da aikin jakadanci ba. Ya yi editan jaridar gwamnati mai suna Le Niger, ya shugabanci sashen yaɗa labarai na ƙasa, sannan aka damƙa masa hukumar gidan waya da sadarwa.

Wannan mafari yana da muhimmanci wajen fahimtar halinsa. Ɗan jaridar gwamnati a ƙasar jam'iyya ɗaya yakan ƙware a auna magana: ya san abin da za a fito da shi, ya san abin da za a bari a ciki, ya san kalmar da za ta isar da saƙo ba tare da ta ta da ƙura ba. Da wannan sana'a Ide ya ci abinci har ƙarshen aikinsa.

Ranar 15 ga Afrilu, 1974, Laftanar Kanar Seyni Kunce ya hamɓarar da gwamnatin Diori, kuma cikin manyan dalilan da sojoji suka kafa hujja da su har da yadda aka yi wa kayan agajin fari riƙon sakainar kashi. Kunce ya jawo Ide kusa da shi, ya naɗa shi daraktan ofishinsa. Saboda haka tun daga tushe Ide ya san cewa a Sahel yunwa tana iya ka da gwamnati. A cikin waɗannan shekaru bai ajiye alƙalami ba. Littafinsa Gros Plan ya fito a 1977, ya ci babbar lambar yabo ta adabin Afirka a harshen Faransanci a 1978, sannan a 1984 ya fitar da wani mai suna Le Représentant.

Shekaru uku a New York

A 1980 Kunce ya tura shi wakilcin Nijar a Majalisar Ɗinkin Duniya, a daidai lokacin da ƙasar ta samu kujerar shekara biyu a Kwamitin Sulhu. Shugabancin kwamitin yana zagayawa ne wata-wata bisa jerin baƙaƙen sunayen ƙasashe, don haka ya faɗo kan Nijar sau biyu, a Mayun 1980 da Yulin 1981. Duka biyun rikicin Gabas ta Tsakiya ne ya cika teburin. A na farko kwamitin ya zartar da ƙuduri na 468 da na 469 kan korar da Isra'ila ta yi wa magadan garuruwan Hebron da Halhul tare da alƙalin shari'a na Hebron. A na biyu, bayan jiragen Isra'ila sun yi ruwan bama-bamai a Beirut, aka zartar da ƙuduri na 490 mai kiran a dakatar da hare-hare nan take.

Akwai wani al'amari na ƙarshen 1981 da ya dace a riƙe, domin zai dawo. Afirka ta tsayar da Salim Ahmed Salim na Tanzaniya takarar Babban Sakataren Majalisar Ɗinkin Duniya. An kaɗa ƙuri'a sau 16 a Kwamitin Sulhu, Amurka tana hawa kujerar na-ƙi a kan Salim, Sin tana hawa a kan Kurt Waldheim, Babban Sakatare mai ci a lokacin, har dai dukansu suka janye aka ɗauko Javier Pérez de Cuéllar na Peru. Nijar tana cikin kwamitin aka yi wannan dambarwa. Ide ya ga yadda ɗan takara mai kaifin baki da farin jini yakan rasa kujera, a miƙa ta ga wanda ba shi da abokin gaba. A 1983 aka dawo da shi Yamai ministan harkokin waje.

Kujerar da ya tarar

Ba a fahimtar abin da Ide ya yi, ko ya kasa yi, sai an san yadda aka sassaƙa kujerar tun farko. Lokacin da shugabanni suka kafa OAU a Addis Ababa ranar 25 ga Mayu, 1963, da ƙasashe 32, ra'ayi biyu ne suka kara. Kwame Nkrumah na Gana yana son gwamnati guda ta nahiya. Ɗaya ɓangaren kuma yana cewa a tafi sannu a hankali, kowace ƙasa ta riƙe ikonta, kuma a sahun gaba na wannan ra'ayi akwai gwamnatin Abubakar Tafawa Ɓalewa, wadda jam'iyyar NPC ta Sardauna Ahmadu Bello, haifaffen Raba, take jan ragamarta. Ra'ayi na biyu ya yi rinjaye. Sashe na 3 na yarjejeniyar ya haramta tsoma baki cikin harkokin cikin gida na kowace ƙasa, kuma da gangan aka kira shugaban ma'aikatar da sunan Babban Sakataren Gudanarwa, domin kada ya ɗauka cewa shi ma shugaba ne. An cire kalmar gudanarwa daga sunan a ƙarshen shekarun 1970, amma ba a ƙara masa wani iko na a-zo-a-gani ba. Mai magana da yawun nahiya shi ne shugaban ƙasar da aka ba riƙon ƙungiyar na shekara guda.

Mai karatu a ƙasar Sakkwato ba baƙo ba ne ga muƙami irin wannan. Waziri Giɗaɗo ɗan Laima, mijin Nana Asma'u, shi ne ya riƙe wa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello harkar wasiƙu da sarakunan da ke ƙarƙashin daula, shi ya sauki baƙon Bature Clapperton a 1824, shi yake kai kawo tsakanin fada da baƙi. Ƙarfinsa ba daga rundunar kansa yake fitowa ba, daga amincewar ubangidansa ne. Bayan rasuwar Bello a Wurno a 1837 tauraron Giɗaɗo ya soma dusashewa, daga baya ɗansa Abdulƙadir ya gaje shi. Bambancin kawai shi ne Giɗaɗo ubangida ɗaya yake yi wa aiki, Babban Sakataren OAU kuwa yana da iyayen gida hamsin, waɗansu ba sa ga maciji da juna, da yawa kuma ba sa biyan kuɗin gudummawarsu a kan lokaci.

Tarihin waɗanda suka riga shi ya isa gargaɗi. Diallo Telli ya riƙe kujerar daga 1964 zuwa 1972, ana ƙorafin cewa ya cika shiga siyasa. Ya koma gida Gini, ya rasu a kurkukun Boiro a 1977. Nzo Ekangaki na Kamaru ya ajiye aiki a 1974 saboda cece-kucen wata kwangila da kamfanin Lonrho. William Eteki Mboumoua, shi ma ɗan Kamaru, ya yi wa'adi ɗaya. Sai Edem Kodjo na Togo, wanda a watan Fabrairun 1982 ya bai wa Jamhuriyar Sahrawi ta Yammacin Sahara kujera a taron ministoci, bisa hujjar cewa ƙasashe 26 cikin 50 sun amince da ita. Wakilan ƙasashe 19 suka fice daga zauren. A shekarar nan sau biyu aka kira taron ƙoli a Tarabulus, a watan Agusta da na Nuwamba, sau biyu ana watsewa saboda ba a samu kashi biyu cikin uku na ƙasashe ba: na farko a kan Yammacin Sahara, na biyu a kan wanda zai zauna a kujerar Cadi. A wannan tsakani ne kuma rundunar kiyaye zaman lafiya ta farko da ƙungiyar ta tura, wadda Manjo Janar Geoffrey Ejiga na Nijeriya ya jagoranta a Cadi, ta tattara ta dawo bayan Hissène Habré ya ƙwace N'Djamena a watan Yunin 1982.

Da aka samu aka haɗu a Addis Ababa a watan Yunin 1983, an kasa zaɓen magajin Kodjo. Alioune Blondin Beye na Mali da Paul Okumba na Gabon suka yi kunnen doki, babu wanda ya kai kashi biyu cikin uku. Sai aka ba Dokta Peter Onu na Nijeriya, mataimakin sakatare da ya daɗe a gidan, riƙon ƙwarya. A taron Nuwamban 1984 ma ba a yi zaɓen ba, kuma a nan ne Maroko ta fice daga ƙungiyar bayan Sahrawi ta zauna a kujerarta.

Zaɓen 1985 da rufaffiyar iyaka

Abin da shugabanni suke nema a 1985 shi ne mutumin da ba zai sake jefa su cikin irin halin 1982 ba. Nijar ta dace da wannan bukata. Ƙasa ce da ba ta tsoratar da kowa, tana maƙwabtaka da Aljeriya da Libiya a arewa, da Nijeriya a kudu, tana hulɗa da Faransa ba tare da an yi mata kallon 'yar amshin shata tsantsa ba, kuma ita kanta tana cikin ƙasashen da fari ya fi yi wa illa. Ɗan takararta kuma an san shi da taka-tsantsan. Babban abokin karawarsa shi ne Blondin Beye na Mali, kuma da nasarar Ide aka kawo ƙarshen shekara biyu na riƙon ƙwarya.

Zaɓen ya bar ƙura a siyasar Nijeriya. Lokaci-lokaci, musamman a kakar zaɓe, akan ta da zargin cewa gwamnatin Janar Muhammadu Buhari ta juya wa ɗan ƙasarta Peter Onu baya ta mara wa ɗan Nijar, har waɗansu su jingina abin ga ƙabila ko addini. Wannan zargi bai yi la'akari da yadda ake raba irin waɗannan kujeru ba. A tsawon rayuwar OAU, daga 1963 zuwa 2002, ba a taɓa zaɓen cikakken Babban Sakatare daga Nijeriya ko Masar ko Aljeriya ko Zayar ba. Ƙananan ƙasashe ba sa son a haɗa wa babbar ƙasa ƙarfin arziki da makullin ma'aikata. Akwai kuma hujjar da ta fi wannan kusa da gida: da zumunci ne yake tafiyar da manufar Legas game da Nijar a lokacin, da ba a garƙame iyaka a kan mutanen da suke fama da yunwa ba.

A watan Afrilun 1984 gwamnatin Buhari ta rufe iyakokin ƙasa na tudu, a daidai lokacin canjin takardun naira, domin toshe fasa-ƙwauri da dawo da kuɗin da aka fitar. Canjin kuɗin bai wuce mako biyu ba, amma iyakar ta ci gaba da zama a rufe har zuwa watan Maris na 1986, lokacin da gwamnatin Janar Ibrahim Babangida ta buɗe ta. Daminar 1984 kuwa ta zo da ƙamfar ruwa mai tsanani a duk faɗin Sahel. A kan haka kuma, a watan Afrilun 1985 aka ba baƙin da ba su da takardu, waɗanda aka ƙiyasta sun kai 700,000, wa'adin barin ƙasa zuwa 10 ga Mayu, shekara biyu kacal bayan irin wannan kora da gwamnatin Shehu Shagari ta yi a 1983, kuma duk da yarjejeniyar ECOWAS ta 1979 kan 'yancin zirga-zirga.

Domin a gane nauyin wannan, sai a duba yadda rayuwa take tafiya a wannan yanki. Layin da Ingila da Faransa suka shata a yarjejeniyoyin 1898 da 1904 da 1906 ya ratsa ta tsakiyar Gobir da Adar da Ƙonni, ya bar wa a wannan ɓangare, ƙane a wancan. Idan damina ta gaza a tudu, abin da Ba'adare ko Bagobiri ya gada shi ne ya rataya gora da tabarma ya gangaro cin rani. A fadamun Wurno da Goronyo akwai aikin rani: yanka fangali, dashen albasa da tafarnuwa, ban ruwa da jigo, cirar shinkafa. Mai cin rani yakan yi wata uku ko huɗu, ya sayi gero ko dawa, ya ɗora wa jaki ko raƙumi, ya koma gida kafin ruwan shuka. Makiyayi kuma yakan kora dabbobinsa kudu, ya sayar da biyu ko uku a kasuwannin bakin iyaka irin ta Illela, ya auni hatsi. A shekarar fari farashin dabba yakan faɗi warwas, na hatsi ya yi tashin gwauron zabo, har saniyar da a da take sayen buhuna da dama ta koma ba ta kai ko kusa ba. Rufe iyaka ya toshe wannan hanya a shekarar da aka fi bukatarta. Hausawan Nijar suna da al'adar raɗa wa kowace yunwa suna, kuma ta 1984 zuwa 1985 sun sa mata El-Buhari.

Ide Umaru ne ministan harkokin wajen Nijar a tsakiyar wannan hali, kuma ya hau kujerar OAU iyakar tana rufe. Sai dai babu wani sashe na yarjejeniyar ƙungiyar da ya ba shi damar ya ce wa wata ƙasa ta buɗe ƙofarta. Ƙudurin Alƙahira na 1964 ya ɗaure ƙasashe su mutunta iyakokin da suka gada daga Turawa, bai ce komai ba game da haƙƙin mutanen da iyakokin suka raba. Ko maganar ruwa, wadda ta shafi madatsar Goronyo da aka kammala gininta a 1984, da gulbin Maraɗi da yake tasowa daga ƙasar Katsina ya ratsa Nijar ya dawo ya faɗa Rima, ba a Addis Ababa aka daidaita ta ba. Hukumar haɗin gwiwa ta Nijeriya da Nijar, wadda aka kafa a 1971 da mazauni a Yamai, ita ta share fagen yarjejeniyar Maiduguri ta 1990 kan rabon ruwan da ƙasashen biyu suka yi tarayya a kansa.

Yunwa da bashi

Inda Ide ya samu filin aiki shi ne tattalin arziki, domin a nan ne shugabanni suka yarda su yi magana da murya ɗaya. Taron da ya zaɓe shi, wanda Abdou Diouf na Senegal ya karɓi shugabancinsa daga Julius Nyerere na Tanzaniya, ya amince da shirin gaggawa na farfaɗo da tattalin arzikin Afirka na 1986 zuwa 1990. Shirin ya bambanta da Tsarin Legas na raya tattalin arziki na 1980 ta fuska ɗaya mai muhimmanci: shugabanni sun amsa cewa su ma da laifinsu, sun yi watsi da noma, suka yi alkawarin ware wa noma kashi 20 zuwa 25 cikin ɗari na jarin gwamnati. Ma'aikatar Ide, tare da hukumar tattalin arzikin Afirka ta Majalisar Ɗinkin Duniya ƙarƙashin Farfesa Adebayo Adedeji, su suka tsara takardun da aka kai New York.

Daga 27 ga Mayu zuwa 1 ga Yuni, 1986, Babban Zauren Majalisar Ɗinkin Duniya ya yi zama na musamman kan Afirka, karo na farko da aka keɓe irin wannan zama ga matsalar tattalin arzikin nahiya guda. An ƙiyasta shirin zai ci dala biliyan 128, Afirka za ta nemo kimanin biliyan 82 daga aljihunta, sauran kimanin biliyan 46 su zo daga waje. Ƙasashe masu arziki sun yaba da takardar, amma ba su ɗaure kansu da wani adadi ba, kuma sun ƙi a tattauna bashi a dunƙule. A shekarar nan farashin man fetur da na sauran kayan da Afirka take sayarwa ya faɗi ƙasa, abin da aka rasa a kasuwa ya lashe abin da aka samu na agaji.

Abin da ya iso ƙauye a zahiri shi ne shirin tsuke bakin aljihu na Asusun Ba da Lamuni na Duniya da Bankin Duniya. Nijar ta shiga hannunsu tun 1983 bayan kasuwar yuraniyom ta karye. Nijeriya ta ƙaddamar da nata SAP a 1986, aka rushe hukumomin sayen amfanin gona, aka saki naira ta nemi darajarta a kasuwa. Ga ɗan kasuwar Illela da Ƙonni wannan ya juya lissafi gaba ɗaya, domin sefa ta yi ƙarfi a kan naira, kayan Nijeriya suka yi araha ga mai sefa, mai cin rani kuma ya ga ladan guminsa ya ragu idan ya tsallaka gida.

A kan bashi ne muryoyi suka fi tashi. A taron ƙoli na Yulin 1987 Kyaftin Thomas Sankara na Burkina Faso ya yi kira ga takwarorinsa da su haɗa kai su ƙi biya, kuma ba a cika wata uku ba aka kashe shi, ranar 15 ga Oktoba. Ƙungiyar ba ta bi hanyarsa ba. A taro na musamman da aka yi a Addis Ababa ranar 30 ga Nuwamba da 1 ga Disamba, 1987, ƙarƙashin shugabancin Kenneth Kaunda na Zambiya, aka fitar da matsaya guda ta Afirka kan bashin da a lokacin ya kai kimanin dala biliyan 200. Matsayar ta nemi a dakatar da biya na shekara goma, a sassauta sharuɗɗa, a kuma kira taron duniya tsakanin masu bi da waɗanda ake bi. Masu bin bashi suka ƙi, suka nace sai dai kowace ƙasa ta zo ita kaɗai. Ba a taɓa yin taron ba. Amma ba daidai ba ne a ce aikin ya tafi a banza, domin hujjar da takardar ta kafa, cewa bashin ƙasashe matalauta ya wuce abin da za su iya biya ko da sun yi iyakar ƙoƙarinsu, ita ce masu bin bashin suka dawo suka amsa da kansu a shirin rage bashi na 1996 da yafewar 2005. Nijar tana cikin waɗanda suka ci moriyar duka biyun.

Yaƙe-yaƙe, da abin da ya ɗore

A fagen sasanta rikici rawar ma'aikatar ba ta da yawa. Yaƙin 'yan kwanaki da Mali da Burkina Faso suka gwabza kan yankin Agacher a Disamban 1985, maƙwabta ne suka tsayar da shi, Kotun Duniya ta raba yankin a Disamban 1986. A yaƙin Cadi da Libiya na 1987 Kaunda ne ya samo tsagaita wuta a watan Satumba, Omar Bongo na Gabon yana jagorantar kwamitin sulhu, kuma zirin Aouzou sai a 1994 kotu ta tabbatar wa Cadi. Rikicin Senegal da Muritaniya ya ɓarke a Afrilun 1989, Ide yana dab da sauka. Yarjejeniyar New York ta Disamban 1988 da ta buɗe hanyar 'yancin Namibiya kuwa, Amurka ce ta shiga tsakani.

Abubuwa biyu na zamaninsa sun yi saiwa. Na farko, yarjejeniyar Afirka kan haƙƙin ɗan Adam da na al'ummomi, wadda aka amince da ita a Nairobi tun 1981, ta soma aiki ranar 21 ga Oktoba, 1986, bayan yawancin ƙasashe sun rattaba hannu na ƙarshe. An zaɓi mambobi 11 na hukumarta a 1987, Ide ya kira zamanta na farko a watan Nuwamba, aka buɗe mata mazauni a Banjul a 1989. Hukumar ta fara da rauni, ba kuɗi ba ma'aikata, amma ita ce ƙofa ta farko da ɗan Afirka ya samu ta kai ƙarar gwamnatinsa gaban wata hukuma ta nahiya. Na biyu, a watan Mayun 1988 majalisar ministoci ta zartar da cewa zubar da sharar masana'antu mai guba a Afirka laifi ne ga nahiyar da mutanenta. Bayan 'yan makonni asirin Koko ya tonu, inda aka jibge dubban gangunan guba daga Italiya a wani fili a jihar Bendel ta wancan lokaci. Wannan ƙuduri shi ya haifi yarjejeniyar Bamako ta 1991.

1989 da bayanta

Ranar 10 ga Nuwamba, 1987, Seyni Kunce ya rasu a wani asibiti a Paris, Kanar Ali Saibu ya gaje shi. Babban Sakatare ba ya yaƙin neman zaɓe da kansa kaɗai: shugaban ƙasarsa ne yake aika manzanni, yana tuna wa takwarorinsa alkawari da tsohon zumunci. Mutumin da ya ɗauko Ide daga gidan waya, ya kai shi New York, ya tsaya masa a 1985, ba ya nan a 1989. Nijar kuma ta riga ta samu wata babbar kujera, domin tsohon firayim ministanta Hamid Algabid ya zama Babban Sakataren Ƙungiyar Ƙasashen Musulmi a farkon shekarar. Ga kuma ƙorafin gabashi da kudancin nahiya cewa duk cikakkun sakatarorin da aka yi daga yamma da tsakiya suka fito.

Wanda ya kara da Ide shi ne Salim Ahmed Salim, wanda Amurka ta tare wa hanya a 1981, yanzu kuma ya ƙara da riƙe firayim minista da ministan tsaro a Tanzaniya. A taron ƙoli na 25, cikin Yulin 1989, Salim ya yi nasara, ya karɓi aiki a watan Satumba, ya riƙe kujerar shekara 12. A zamaninsa aka sa hannu kan yarjejeniyar Abuja ta 1991 kan kasuwar bai-ɗaya ta Afirka, wadda aka soma share fagenta tun Ide yana ofis, aka kuma kawo ƙarshen mulkin wariyar launin fata. 

Ide Umaru ya koma Yamai, ya rasu a can ranar 12 ga Fabrairu, 2002. Bayan wata biyar, a birnin Durban, aka naɗe tabarmar OAU aka ƙaddamar da Tarayyar Afirka. Sabuwar dokar ta ba tarayyar ikon shiga cikin wata ƙasa idan ana kisan ƙare dangi ko laifukan yaƙi, ta tanadi dakatar da gwamnatin da ta hau mulki ba bisa tsarin mulki ba, ta kuma soke muƙamin Babban Sakatare ta maye gurbinsa da Shugaban Hukumar Tarayya. Alpha Oumar Konaré, tsohon shugaban Mali, shi aka fara zaɓa a wannan sabuwar kujera a 2003.